Pierre Boisson (1894–1948): Gwamnan Vichy da Iyakar Arewacin Kano

Akwai Turawan mulkin mallaka da Hausawa suka riƙe sunayensu, har suka yi wa wasu laƙabi. Ana tunawa da Lugga, ana tunawa da Ɗan Hausa wanda ya buɗe makarantar Nasarawa a Kano, a Damagaram kuma ba a manta da Kyaftin Cazemajou da aka kashe a 1898 ba. Sunan Pierre Boisson ba ya cikin wannan jeri. Mazauninsa Dakar ne, kusan kilomita 3,000 yamma da Damagaram. Duk da haka, daga watan Yuli na 1940 zuwa Nuwamba na 1942, shi ne mai wuƙa da nama a kan duk Bahaushen da ke arewacin iyaka, tun daga Birnin Ƙonni zuwa Maraɗi da Tasawa da Magarya, kuma ya riƙe wannan iko ne da sunan gwamnatin da ta miƙa wuya ga Hitila. A waɗannan shekaru manomin Ɗambatta ko Kunci ko Makoɗa yana kwana ne tafiyar yini biyu kacal daga ƙasar da Ingila ke yi wa kallon ta abokan gaba, alhali a can ɗin yana da surukai da abokan ciniki.

Har ya koma ga Mahaliccinsa Boisson bai yarda cewa ya haɗa baki da Jamus ba. Hujjarsa ita ce bai bar sojan Jamus ya kafa sansani ko da na taki ɗaya a ƙasashen da aka ba shi amana ba, kuma wannan magana tasa gaskiya ce. Abin da ya sa rayuwarsa ta cancanci nazari shi ne yadda mutum zai tsare ƙofa ya hana maƙiyi shiga, amma ya ɗauko tsarin da maƙiyin ya haifar ya shimfiɗa shi a kan mutane miliyan 15 da ba a shawarce su ba.

Tasowarsa

An haifi Pierre François Boisson ranar 19 ga Yuni, 1894, a Saint-Launeuc, wani ɗan ƙauye a yankin Bretagne da ke arewa maso yammacin Faransa. Ba gidan sarauta ya fito ba, ba kuma gidan dukiya ba, kuma aikin da ya fara yi shi ne koyarwa a makarantar firamare. Yana da shekara 20 Yaƙin Duniya na Farko ya ɓarke, aka ɗauke shi soja. Ya ga wuta a fagage da dama, ciki har da Verdun, inda Faransawa da Jamusawa suka shafe kusan dukkan shekarar 1916 suna kashe juna a cikin ramuka. Ya fito daga yaƙin da ƙafa ɗaya. Abubuwa biyu ya ɗauko daga wannan fage da suka bi shi har kabari: ƙiyayyar Jamus, da kuma girmama Philippe Pétain, janar ɗin da Faransawa suka ɗauka shi ya ceci Verdun. A 1918 babu wanda zai zaci wata rana waɗannan abubuwa biyu za su yi karo da juna.

Bayan yaƙi ya shiga aikin mulkin mallaka, aka tura shi Brazzaville a 1920 a matsayin ƙaramin jami'i. Daga nan ya koma sashen sufetoci, masu zagaya ƙasashen da Faransa ke mulka suna bincika littattafan kuɗi da ayyukan gwamnoni. Aiki ne da ke koya wa mutum sanin lungu da saƙon gwamnati, yana kuma koya masa kallon ƙasa ta fuskar lissafi. A 1937 aka ba shi Kamaru, ƙasar da aka ƙwace daga hannun Jamus a yaƙin farko, a daidai lokacin da gwamnatin Hitila ke hanƙoron a mayar mata da ita. Ya riƙe Afirka ta Yamma ta Faransa na wucin gadi daga 1938 zuwa 1939, sannan aka naɗa shi gwamna-janar na Afirka ta Tsakiya, ya koma Brazzaville inda ya fara. Cikin gwamnonin da ke ƙarƙashinsa a can akwai na Cadi, Félix Éboué, baƙar fata haifaffen Cayenne a Kudancin Amurka.

Daminar 1940

Cikin mako shida sojojin Jamus suka murƙushe Faransa. Ranar 22 ga Yuni, 1940, gwamnatin Marshal Pétain ta sa hannu a kan yarjejeniyar ajiye makamai. Jamus ta mamaye arewacin ƙasar da gaɓar tekun Atlantika, gwamnati ta ƙaura zuwa garin Vichy, ranar 10 ga Yuli kuma majalisa ta danƙa wa Pétain dukkan iko. Wani sharaɗi na yarjejeniyar ya bar wa Faransa jiragen ruwanta na yaƙi da ƙasashen da take mulka, muddin ta hana Ingila amfani da su.

Da farko Boisson, kamar yawancin gwamnonin Faransa a Afirka, ya nuna niyyar ci gaba da yaƙi. Abubuwa suka sauya cikin 'yan kwanaki. Ranar 25 ga Yuni gwamnatin Pétain ta ɗaga shi zuwa muƙamin Babban Kwamishina mai kula da Afirka ta Yamma da ta Tsakiya da Togo da Kamaru baki ɗaya, muƙamin da babu wani Bafaranshe da ya taɓa riƙe irinsa. Ranar 3 ga Yuli jiragen Ingila suka buɗe wuta a kan jiragen Faransa a Mers el-Kébir ta Aljeriya, suka kashe kusan matuƙa 1,300, don tsoron kada jiragen su faɗa hannun Jamus. Kwana biyar bayan haka suka kai wa babban jirgin yaƙi Richelieu hari a tashar Dakar. Masu kare Boisson sukan jingina juyawarsa ga wannan jini da aka zubar, masu sukarsa kuma sukan nuna yatsa ga muƙamin. Babu abin da ya hana a ce duka biyun sun yi aiki a zuciyarsa, tare da wani dalili na uku da ya fi su ƙarfi: shi ma'aikacin gwamnati ne da ya ɗauki biyayya ga wanda ke kan karaga tamkar farilla, balle kuma wanda ke kan karagar gwarzon Verdun ne.

Tashinsa daga Brazzaville zuwa Dakar ke da wuya, rabin ƙasarsa ta suɓuce masa. Ranar 26 ga Agusta Éboué ya shelanta cewa Cadi ta bi Janar de Gaulle, wanda ke Landan yana kiran Faransawa su ci gaba da yaƙi. Washegari Leclerc ya karɓe Duwala, bayan ya ƙetaro da kwalekwale daga Kamarun Ingila, ranar 28 kuma aka tumɓuke Janar Husson da Boisson ya bari a Brazzaville. Gwamnan Nijeriya, Sir Bernard Bourdillon, yana da hannu dumu-dumu a wannan al'amari, domin ta Ikko wakilan de Gaulle suka bi. Boisson bai manta da haka ba.

Wata guda bayan nan de Gaulle da kansa ya iso gaban Dakar tare da rundunar jiragen ruwan Ingila, yana zaton birnin zai buɗe masa ƙofa. Ranar 23 ga Satumba ya aika manzanni, aka harbe su har aka raunata jagoransu, Thierry d'Argenlieu. Da Ingilishi suka ba shi wa'adi, Boisson ya mayar musu da amsa cewa amana aka ba shi kuma zai tsare ta har ƙarshe. Aka kwana uku ana musayar wuta cikin hazo. Ranar 25 wani jirgin ƙarƙashin teku na Faransa ya yi wa babban jirgin Ingila Resolution mummunar illa, maharan suka janye. Fiye da mutum 150 suka mutu a cikin birnin, soja da farar hula, da yawansu Afirkawa ne da harsasan igwa suka tarar a unguwanninsu. Wannan ita ce nasara mafi girma da Vichy ta samu a Afirka, ita ta ɗaukaka Boisson a idon Pétain, ita ce kuma laifin da de Gaulle bai taɓa yafe masa ba.

Iyaka

Iyakar da ta raba Kano da Damagaram ba ta kai shekara 40 ba a lokacin. Yarjejeniyoyin 1898 da 1904 da 1906 ne suka zana ta a kan takarda, Tilho na Faransa da O'Shee na Ingila kuma suka bi ta suna kafa alamu tsakanin 1906 da 1908. Kafin nan abin da mutanen arewacin Kano suka sani game da arewa shi ne mahayan Damagaram da suka addabe su a zamanin Sarki Alu, da kuma ayarin Azbinawa da ke saukowa da gishirin Bilma da kanwa bayan kaka, raƙumansu su kwana a gonaki su bar taki, su koma da hatsi da baƙin yadi. Alamun da Turawa suka kafa ba su yanke aure ko ciniki ko karatun allo ba.

Ƙasar da ke kewaye da Kano, wadda masana irin su Mortimore da Polly Hill suka yi nazarinta daga baya, ƙasa ce da gona ke manne da gona, ba a barin saura ta huta. Ana shuka gero da dawa da wake da gyaɗa a ƙarƙashin gawo da ɗorawa da tsamiya, jakuna na jigilar taki daga birni duk rani. Tun da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, gyaɗa ta zama kuɗin haraji da na aure. Gabashin Nijar ba shi da tashar jirgi ko teku, saboda haka lokacin da noman gyaɗa ya bunƙasa a Magarya da Matamaye da Tasawa a shekarun 1930, hanyar fitarta ita ce Kano. Ta Ɓaɓura da Kazaure da Ɗambatta buhunan ke bi zuwa sikelin kamfanoni da na dillalai irin su Alhassan Ɗantata. Ta wannan hanya kuma akoko da alawayyo da kananzir da sukari da goro ke haurawa arewa.

Wannan jijiya ce rikicin Turawa ya datse. Ingila ta yi wa ƙasashen Vichy takunkumi ta teku, gwamnatin Boisson kuma ta ɗauki duk mai ƙetarawa Nijeriya ba da izini ba a matsayin wanda ake zargi da leƙen asiri ko bin de Gaulle. Nijar ta zama ƙasar bakin daga, Cadi ta de Gaulle a gabas, Nijeriya ta Ingila a kudu, Libiya ta Italiya a arewa maso gabas. Saboda haka a ƙarshen 1940 aka ɗora soja, Janar Falvy, a kujerar gwamna a Yamai, kafin Jean Toby ya karɓa a 1942. Manomin Magarya ya wayi gari da gyaɗa a rumbu ba mai saye a kusa, kantuna sun bushe, tammar da ke hannunsa ba ta sayen abin kirki, ga haraji ba a rage ba. Ƙarancin yadi ya kai ga saƙin gargajiya ya sake daraja. Iyaka mai tsawon fiye da kilomita 1,400 ba ta tsaruwa da 'yan gardi a kan dawaki, don haka abin da ake yi da rana a da, sai aka koma yin sa da dare. Fasa-ƙwauri ya zama sana'a, kuma wanda aka kama yana iya fuskantar tuhumar da ta fi ta kwastan nauyi nesa ba kusa ba.

A nasu ɓangaren Ingilishi suna da dalilin fargaba. Daga Satumba 1940 suka fara haɗa jiragen sama a Takoradi ta Gwalkwas suna tuƙa su zuwa Masar, ta Ikko da Kano da Maiduguri da Fort-Lamy da Hartum. Dubban jirage suka bi wannan hanya kafin yaƙi ya ƙare, kuma da ita aka ciyar da yaƙin hamadar Libiya. Filin jirgin Kano na cikin manyan zangunanta, tsakaninsa da Damagaram kuwa bai wuce tafiyar sa'a guda a sama ba. A Janairu 1942 wani jirgin Jamus ya taso daga kudancin Libiya ya jefa bama-bamai a filin Fort-Lamy ya ƙone man jirage, abin da ya nuna cewa fargabar ba ta banza ba ce. Da Boisson ya bar Jamusawa sun sauka a Damagaram ko Yamai, da birnin Sarki Abdullahi Bayero ya shiga cikin wuraren da ake iya kai wa hari. Bai bari ba, kuma adalci ne a rubuta masa wannan.

Gudun aikin tilas da kamun soja daga ƙasar Faransa zuwa ta Ingila ya girmi Vichy. Tun zamanin yaƙin farko ƙauyuka kan tashi su ƙetaro. Dokar da ta ba kwamandan Bafaranshe ikon ɗaure talaka ko cin sa tara ba tare da shari'a ba tana nan tun kafin Boisson, haka ma rumbun tsimi da aka tilasta wa manoma zubawa bayan yunwar 1931. Abin da Vichy ta yi shi ne ta cire ɗan takunkumin da ke bakin masu aiwatar da waɗannan dokoki. Wanda ya tsere ya iso arewacin Kano ba ya samun gonar da zai sara, don babu daji, sai ya shiga ƙwadago ko ya fake da cin rani da almajirci a wurin dangi. William Miles, wanda ya yi nazarin ƙauyukan Yardaji ta ƙasar Daura da Yekuwa ta ƙasar Magarya, ya tarar cewa shekaru da dama bayan 'yancin kai tsofaffi na ɓangarorin biyu sun yi ittifaƙi a kan cewa mulkin Faransa ya fi na Ingila zafi.

Sai dai kuskure ne a ɗauka cewa kudancin iyaka aljanna ce. Bayan Japan ta kame Malaya a farkon 1942, Ingila ta rasa kuza da man girki na Gabas Mai Nisa, ta juyo kan Nijeriya. Tsakanin 1942 da 1944 aka tilasta wa kimanin mutum 100,000 daga lardunan Arewa zuwa haƙar kuza a Jos, ta hannun hakimai da dagatai, da dama kuma suka mutu saboda sanyi da yunwa da cuta. Aka matsa wa manoma su ƙara gyaɗa a kan farashin da gwamnati ta yanka, aka karɓi hatsi don ciyar da soja da lebura, duk a shekarun da aka yi yunwar da ake kira 'Yar Gusau. Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda aka fara bugawa a 1939 Abubakar Imam na editanta, tana bayyana wa masu karatu zaluncin Hitila, a daidai lokacin da ake tara gudummawar yaƙi a kasuwannin ƙauye. Talakan da ke tsakanin Ɗambatta da Magarya yana auna wace wuta ce ta fi sauƙi a wannan shekara, ya matsa gefenta.

Abin da ya hana da abin da ya bari

A Mayu 1941 Admiral Darlan, mataimakin Pétain, ya ƙulla wata yarjejeniya da Jamusawa a Paris wadda za ta ba su damar amfani da tashar Dakar. Boisson da Janar Weygand, wakilin Vichy a Afirka ta Arewa, suka tafi Vichy suka tsaya ƙyam a kan ƙin amincewa, suna cewa yin haka gayyatar Ingila da Amurka ne su ƙwace ƙasashen. Maganar Dakar ta mutu a nan. Jamus ta sa an tuɓe Weygand a Nuwamba na wannan shekara, Boisson kuwa ya tsira da kujerarsa. Ya kuma bar ƙaramin jakadan Amurka yana zaune a Dakar yana aika rahoto gida.

Amma jiragen da ke tashi daga Dakar zuwa Marseille cike suke da gyaɗa da mai da auduga, kuma Jamus na ɗibar kasonta daga abin da aka sauke. Zinariyar Beljiyam, kusan tan 200, wadda aka kawo ajiya Afirka ta Yamma a 1940 don a ɓoye ta daga Jamus, daga ƙasar da yake mulka aka kwashe ta bisa umarnin Vichy, aka ratsa da ita Sahara zuwa Aljeriya, ta ƙare a Berlin. Hana sojan Jamus shigowa bai hana arzikin ƙasa fita zuwa gare shi ba.

A cikin gida kuma babu wani Bajamushe da ya tilasta masa abin da ya yi. Ya aiwatar da shirin Pétain na sake fasalin al'umma a kan aiki da iyali da ƙasa, da zuciya ɗaya. Aka dakatar da majalisun da ake zaɓa, aka rufe bakin ƙungiyoyin ƙwadago, aka kafa ƙungiyar tsofaffin sojoji ta zama idon gwamnati da kunnenta, aka rataya hoton Marshal a makarantu yara na rera masa waƙa. Dokokin wariya ga Yahudawa sun yi aiki a Afirka ta Yamma duk da cewa Yahudawan da ke cikinta ɗari ne da 'yan kai. Wariyar launi da a da ake yi a kaikaice ta fito fili a layin sayen abinci da taragon jirgi, har ta shafi 'yan garuruwa huɗu na Senegal da ke da takardar zama 'yan ƙasar Faransa. Ruth Ginio ta nuna cewa tsarin Vichy ya zauna daram a ƙasashen mallaka ba tare da wata gyara mai yawa ba, saboda abin da ya ƙwace wa Faransawa a gida, wato zaɓe da 'yancin magana da daidaito a gaban doka, dama can talakan Afirka ba shi da shi. Boisson ya fi son sarakuna da manoma a kan 'yan boko, yana ganin birni da makaranta su ke ɓata Ba'afirke.

Wurin hukunci ne bambancin ya fi fitowa. Faransawan da aka kama da bin de Gaulle an tuɓe su ko an ɗaure su, wasu an azabtar da su. Waɗanda aka tsayar a gaban bindiga kuwa Afirkawa ne. Ranar 10 ga Nuwamba, 1941, aka harbe Albert Idohou da Agoussi Wabi, mutanen Dahomey, tare da Aloysius Odervole wanda ya ƙetaro daga Nijeriya, a Dakar, bisa laifin yi wa Ingila aiki. A Yuni na wannan shekara aka kama Shehu Hamallah na Nioro, jagoran wani reshe na Tijjaniyya, aka kai shi Aljeriya sannan Faransa, inda ya rasu a Montluçon a Janairu 1943. A Janairu 1942 kuma sarkin Abron, Kouadio Adjoumani, ya kwashi dubban mutanensa daga Kwaddibuwa ya ƙetara Gwalkwas, abin da ya girgiza Dakar fiye da tserewar kowane hafsan soja.

Juyawa da faɗuwa

Ranar 8 ga Nuwamba, 1942, sojojin Amurka da Ingila suka sauka a Maroko da Aljeriya. Darlan, wanda ƙaddara ta sa yana Aljiyas a lokacin, ya sauya sheƙa ya bi su, yana cewa da yawun Marshal yake yi. Jamus ta mamaye sauran Faransa ranar 11. Boisson ya yi mako biyu yana auna al'amarin, sannan ranar 23 ga Nuwamba ya shelanta cewa Afirka ta Yamma ta bi Darlan. Ranar 7 ga Disamba ya sa hannu a kan yarjejeniya da Janar Eisenhower, wadda ta buɗe wa Amurka tashar Dakar da filayen jiragenta ba tare da an harba ko harsashi ɗaya ba. Darlan ya bi, ba de Gaulle ba, kuma hotunan Pétain sun daɗe a bango bayan nan. Amurkawa sun yaba masa, suna ganin mutum ne da ke cika alkawari.

Kariyar tasu ba ta yi nisa ba. An kashe Darlan ranar 24 ga Disamba. A Yuni 1943 de Gaulle ya zama ɗaya daga shugabanni biyu na kwamitin da ke mulkin Faransa daga Aljiyas, kuma cire Boisson na cikin buƙatunsa na farko. Shugaba Roosevelt ya yi ƙoƙarin hanawa, har ya yi tunanin tura soja Dakar, amma Boisson ya ajiye aiki a ƙarshen watan, Pierre Cournarie ya gaje shi. A Disamba 1943 aka kama shi tare da Flandin da Peyrouton, tsofaffin ministocin Vichy. Roosevelt da Churchill suka fusata, suka matsa lamba, abin da suka samu kawai shi ne alkawarin ba za a yi shari'ar ba sai an 'yantar da Faransa.

Tafiyarsa ba ta sauƙaƙa wa talakan Nijar nan take ba. Gwamnatin de Gaulle tana bukatar soja da hatsi da dabbobi don yaƙin 'yantar da Faransa, saboda haka karɓe-karɓe suka ƙaru a 1943 da 1944, kuma Toby, wanda aka naɗa a zamanin Vichy, ya ci gaba da zama gwamna a Yamai har 1954. Sai a 1946 aka soke dokar hukunci ba shari'a, ranar 11 ga Afrilu kuma majalisar Faransa ta haramta aikin tilas da dokar da ke ɗauke da sunan Houphouët-Boigny. A wannan shekara aka kafa jam'iyyar PPN a Yamai. Gyaɗar Magarya ta koma bin hanyar Kano, tana ƙara wa dalar gyaɗa tsawo a lokacin da jirgin ƙasa ya kasa kwashe ta.

Shi kuwa Boisson ya ƙare sauran kwanakinsa tsakanin tsare da jinya da rubuta takardun kare kai. An raba shi da muƙami, an miƙa batunsa ga Babbar Kotun da ta yanke wa Pétain da Laval hukuncin kisa a 1945. Muhawarar da aka yi a kansa a Aljiyas da Paris ta fi karkata ga kwanaki ukun Dakar da Faransawan da ya ɗaure, wato rigimar Faransawa ce a tsakaninsu, a kan wane ne ya ci amanar Faransa. Ya rasu ranar 20 ga Yuli, 1948, a kusa da Paris, yana da shekara 54, ba a wanke shi ba. Wata goma bayan haka, ranar 20 ga Mayu, 1949, aka ɗauko gawar Félix Éboué, wanda ya rasu a Alƙahira a 1944, aka shigar da ita Panthéon, makwancin manyan Faransa.